Baba ya faɗi a banɗaki, baffa yana so a daina maganin asibiti

Tambaya: Assalamu alaikum Likita. Mahaifina yana da shekara 62, ɗan kasuwa ne mai sayar da yadi. Shekara huɗu ke nan da aka ce yana da hawan jini, amma ba ya shan maganin sai ranar da ya ji kansa yana ciwo. Makonni biyar da suka wuce ya faɗi a banɗaki da asuba, muka ɗauko shi bakinsa a karkace, hannunsa da ƙafarsa na dama ba sa motsi, magana kuma ba ta fita. Da yake a banɗaki ya faɗi, manya suka ce shafar aljanu ce, aka wuni ana ruƙiyya da hayaƙi, sai washegari muka kai shi asibiti. Ya kwana 12 aka sallame mu da magunguna kala huɗu. Yanzu yana iya zama da kansa, yana ɗan motsa ƙafar, hannun kuwa shiru, kuma yana yawan kuka. Baffana, wato ƙaninsa, yana so a mayar da shi ƙauye wajen mai magani, a dakatar da na asibiti, wai ba a haɗa su. Ni ce babbar 'yarsa, amma maganata ba ta da nauyi a gaban manya. Mako mai zuwa za mu koma ganin likita, kuma kullum muka shiga sai in rasa abin da zan tambaya. Shin Baba zai sake tafiya? Me zan tambayi likita? Kuma jinkirin da muka yi ne ya jefa shi cikin wannan hali? Daga wata baiwar Allah, Zariya.

Amsa: Wa'alaikumus salam wa rahmatullah. 'Yar'uwa, Allah ya ba Baba lafiya, ya sa kaffara ne, ke kuma ya saka miki da alheri bisa tsayuwar da kika yi a kansa. Zan fara da abin da ya fi gaggawa a wasiƙarki, ko da yake ba shi kika sa a jerin tambayoyinki ba: kada a dakatar da magungunan nan ko da na kwana ɗaya ne, ko a Zariya yake ko a ƙauye. Abin da ya kayar da Baba bai tafi ba, yana nan a jikinsa, kuma waɗannan ƙwayoyi huɗu su ne suke tsare tsakaninsa da faɗuwa ta biyu, wadda sau da yawa ta fi ta farko muni.

Abin da ya sami Baba shi ake kira shanyewar ɓarin jiki, kuma ciwo ne na ƙwaƙwalwa, ba na hannu ko ƙafa ba. Jijiyar da take kai jini wani sashe na ƙwaƙwalwa ce take toshewa da gudan jini, ko kuwa ta fashe jinin ya malala, sai sashen da ya rasa jini ya daina aiki. Ɓangaren hagu na ƙwaƙwalwa shi yake sarrafa ɓarin dama na jiki, kuma a wajen mafi yawan mutane a nan cibiyar magana take, shi ya sa Baba ya rasa hannun dama da ƙafar dama da magana a lokaci guda. Batun banɗaki kuwa, wanda ya rikita gidanku kamar yadda yake rikita gidaje da yawa, yana da bayani. Jinin ɗan'adam yana hauhawa da sassafe, kuma wannan ciwo ya fi aukuwa a sa'o'in safiya fiye da kowane lokaci. Wani ma yana barci abin yake samunsa, ba ya sani sai ya miƙe. To ina mutum yake fara nufa idan ya tashi da asuba in ba banɗaki ba? Ba banɗakin ne ya kawo ciwon ba, a can ne kawai ciwon ya riske shi.

A shekarar 2018 an wallafa sakamakon wani babban bincike mai suna SIREN, wanda aka gudanar a asibitocin Nijeriya da Gana, ciki har da Kano da Zariya, a kan mutane fiye da 2,000 da suka gamu da wannan ciwo. An gano cewa matsakaicin shekarunsu 59 ne, kashi 68 cikin 100 toshewar jijiya ce ta same su, kashi 32 kuma fashewa, adadin da ya ninka abin da ake gani a ƙasashen Turai. Abin da ya fi muhimmanci a gare ki shi ne, hawan jini yana da hannu a kusan kashi 90 cikin 100 na wannan ciwo a yankinmu. Hawan jini kuwa ba ya sallama. Mutum yana iya wuni a kasuwa yana auna yadi, yana raha da abokan ciniki, alhali jininsa yana 180 bisa 110 bai ji komai ba. Saboda haka shan magani sai ranar da kai ya yi ciwo daidai yake da rashin shansa, kuma ba Baba kaɗai yake wannan kuskure ba, na ga malamai da 'yan boko da ma'aikatan asibiti kansu suna yin sa.

Yanzu ga batun baffanki. Ina so ki ɗauka cewa ƙauna ce ta sa shi, domin ya ga yayansa kwance makonni biyar hannu ba ya motsi, ya yanke cewa asibiti ta gaza. Idan kika tunkare shi da gardama, abin zai koma na girma da raini, kuma a irin wannan ke ce za ki sha ƙasa, Baba kuma ya cutu. Ki nemi wanda baffa yake jin nauyinsa, ko gwaggonku, ko aminin Baba, ko limamin unguwarku, ki yi masa bayani a natse, shi ya isar da saƙon. Sannan ki roƙi baffa da ladabi ya raka ku asibiti mako mai zuwa, ki ce masa kina so a sami babba namiji da zai ji bayanin likita da kunnensa. Abin da ya ƙi karɓa daga bakin 'yarsa, zai iya karɓarsa daga bakin likita.

A gaya masa kuma ba wanda ya hana addu'a. Ruƙiyya da karatun Alƙur'ani ba sa karo da kowace ƙwaya, a yi su safe da yamma, kuma ya inganta daga Annabi (SAW) cewa Allah bai saukar da cuta ba face ya saukar da maganinta. Abin da nake tsoro abu uku ne da na san ana yi wa masu wannan ciwo. Na farko jiƙe-jiƙen da ba a san abin da ke cikinsu ba, waɗanda galibi ake haɗawa da kanwa, alhali kanwa 'yar'uwar gishiri ce wajen tayar da jini, wasu kuma suna taɓa ƙoda. Na biyu tsaga da ƙaho, waɗanda suke da haɗari ga mutumin da yake shan maganin da ke hana jini daskarewa. Na uku gasa hannu da ƙafa da ruwan zafi ko tururi. Ɓarin da ya shanye sau da yawa ba ya jin zafi yadda ya kamata, kuma Baba ba shi da bakin da zai ce a dakata. Na taɓa ganin wani dattijo da aka kawo fatar bayan hannunsa ta saluɓe tun daga wuyan hannu har gwiwar hannu, 'ya'yansa suna kuka suna cewa bai ko motsa ba lokacin da suke gasa masa. Watanni biyu da ya kamata ya yi yana koyon tafiya, a wankin ƙuna suka ƙare.

Kin tambaya ko jinkirinku ne ya jawo. Ba zan ce miki jinkiri ba ya cutarwa ba, domin yana cutarwa. An ƙiyasta cewa idan babbar jijiya ta toshe, ƙwaƙwalwa tana asarar ƙwayoyin halitta kusan miliyan 1.9 a kowane minti. Akwai allurar da take narkar da gudan jini, amma sai an yi ta cikin awa huɗu da rabi daga fara ciwon, bayan hoton ƙwaƙwalwa ya tabbatar ba fashewa ba ce, kuma asibitocin da suke da ita a ƙasar nan kaɗan ne ƙwarai. Don haka ko da kun isa da wuri, ba lallai ne Baba ya same ta ba. Ke ba ki san alamomin ba a wannan rana, kuma ba ke kika yanke hukunci ba, saboda haka ki sauke wannan nauyi daga zuciyarki. Amfanin waiwayen kawai shi ne kowa a gidan ya san abin yi idan ta sake faruwa. Duk wanda bakinsa ya karkace farat ɗaya, ko hannu ya saki, ko magana ta sarƙe, ko gani ya ɗauke, ko ciwon kai mai tsanani ya sauko masa kwatsam, a duba agogo a riƙe lokacin, a kwantar da shi ta gefe, a nemi mota zuwa asibitin da yake da na'urar hoton ƙwaƙwalwa. Kada a ɗura masa komai, ko ruwan addu'a ne ko zuma, domin maƙogwaronsa ma yana iya shanyewa, abin ya wuce huhu. Kada kuma a ba shi asfirin kafin hoto, domin idan fashewa ce zai ƙara zubar jinin. Ko da alamar ta wuce cikin minti goma ya ce ya warke, a tafi asibiti a ranar, domin wannan gargaɗi ne, kuma babban ciwon yakan biyo baya cikin 'yan kwanaki. Mai addu'a ya shiga motar ya yi a hanya.

Game da ganin likita, na san yadda layin yake da yadda mintunan suke ƙarewa kafin mutum ya tattara hankalinsa. Ki sayi ƙaramin littafi tun yau, ki rubuta tambayoyinki, ki zuba duk magungunan Baba a leda ɗaya har da waɗanda aka sayo a kemis da na gargajiyan da aka riga aka ba shi, ki ɗauki hoton ƙwaƙwalwar da takardar sallama. Da kun zauna ki ce, “Likita, ina da tambayoyi a rubuce, a yi mini haƙuri in karanta.” Babu likitan kirki da zai ji haushin wannan.

Tambaya ta farko ita ce, wane iri ne ya sami Baba, toshewa ko fashewa? Na yi mamakin yawan iyalan da suke jinyar wata da watanni ba su san amsar wannan ba, alhali a kanta sauran magani ya dogara. Idan toshewa ce, akan ba da asfirin ko kilofidogirel domin hana jini sake curewa, tare da maganin rage kitsen cikin jini irin su atobastatin. Idan fashewa ce, waɗannan masu tsinka jini ba a ba da su sai da dalili mai ƙarfi, hankali yakan koma kacokan kan saukar da hawan jini. Daga nan ki ɗauki magungunan ɗaya bayan ɗaya ki tambayi aikin kowanne, da lokacin shansa, da illar da za ki sa wa ido, da kuma wanne ne na har abada. Ki tambayi adadin da ake so jininsa ya tsaya a kai. Ga mafi yawan waɗanda suka yi wannan ciwo ana son ya kasance ƙasa da 130 bisa 80, amma likitan da yake riƙe da fayil ɗinsa shi zai tsayar da nasa. Idan da hali ku haɗa kuɗi ku sayi na'urar awon jini ta gida, a riƙa aunawa a hannunsa mai lafiya safe da yamma yana zaune ya huta, ki rubuta a littafin nan ki kai wa likita duk zuwa. Idan kuma kuɗin magani yana neman gagarar ku, ki faɗa ƙarara ba tare da jin kunya ba, domin akwai magungunan hawan jini masu sauƙin kuɗi da suke aiki sosai, kuma gara a sauya masa da wanda za ku iya saye kowane wata da a rubuta mai tsada ku riƙa tsallake kwanaki.

Ki tambaya ko an auna sukarinsa da kitsen jininsa da ƙodarsa, da kuma ko an duba bugun zuciyarsa da na'ura. Wannan na ƙarshe yana da muhimmanci, domin akwai wani rikicewar bugun zuciya da yake sa jini ya cure a cikinta, gudan ya ɓalle ya tafi ƙwaƙwalwa, kuma mai wannan matsala asfirin ba ya isar masa, sai an ba shi wani magani dabam kamar wafarin. Ki faɗa wa likita idan Baba yana ƙwarewa ko tari lokacin cin abinci da shan ruwa, ko muryarsa tana sauyawa bayan ya haɗiya, domin ciwon huhu da yake biyo bayan ƙwarewa yana cikin manyan abubuwan da suke kashe masu wannan jinya. Kafin azumi ya zo kuma ki tambaya ko zai iya yi, kada a bar shi ya yanke wa kansa.

Kukan da yake yi ma ki ambata shi, kada ki ɗauke shi ƙaramin abu. Kusan mutum ɗaya cikin uku na waɗanda suka yi wannan ciwo suna faɗawa cikin ciwon damuwa, wasu kuma raunin ƙwaƙwalwar ne yake sa kuka ya ƙwace musu ba da son ransu ba, kuma duka biyun ana maganinsu. Ki tuna wane ne Baba kafin makonni biyar da suka wuce: mutumin da yake ciyar da gida, ana jiran maganarsa kafin a yanke komai. Yau ana juya shi, ana yi masa tsarki, ana tattauna inda za a kai shi a gabansa kamar ba ya nan. Rashin magana ba rashin hankali ba ne, kuma da yawa daga cikinsu suna fahimtar mafi yawan abin da ake faɗa. A daina magana a kansa, a koma magana da shi. A yi masa gajerun tambayoyi da zai amsa da kai ko da hannu, a ba shi lokaci, kada a yi saurin ƙarasa masa kalma, kada kuma a ɗaga masa murya domin ba kurma ba ne. Ki gwada zama kusa da shi bayan magariba ki fara karanta Fatiha a hankali. Sau da yawa wanda ya kasa faɗin sunan 'yarsa sai a ji ya kama ayar ya bi ta har ƙarshe, domin abin da harshe ya haddace tun ƙuruciya yakan tsira. Wannan ƙofa ce ta koyon magana, kuma za ki ga abin da zai yi wa zuciyarsa. Salla kuma ya yi ta a zaune ko a kishingiɗe gwargwadon ikonsa, kamar yadda shari'a ta sauƙaƙa wa marar lafiya.

Shin zai sake tafiya? Abin da kika bayyana yana ba ni kyakkyawan fata. Iya zama ba tare da an riƙe shi ba da motsa ƙafa a makonnin farko suna cikin alamomin da suke nuna mutum zai taka, kuma mafi yawan waɗanda suka rayu bayan wannan ciwo suna komawa tafiya, wasu da sanda wasu ba sanda. Hannu ya fi ƙafa nawa, yatsu kuma su ne na ƙarshe, wani lokaci ba sa dawowa gaba ɗaya, kuma gara ki san wannan tun yanzu. Sauƙi ya fi sauri a watanni uku na farko, ya ci gaba a hankali zuwa wata shida har bayan haka. Baba ya riga ya cinye makonni biyar daga cikin wannan lokaci mai daraja, kuma wannan shi ne dalilina na biyu na ƙin tafiya ƙauye: a can za a kwantar da shi ana jiran jiƙo ya yi aiki, gaɓoɓi su sanƙare, damar ta wuce. Ki roƙi likita ya tura ku sashen gashi, wato sashen masu koyar da atisayen gaɓoɓi a asibiti, ki nemi su koya miki atisayen da hannunki, domin zuwa sau ɗaya ko biyu a mako ba ya isa, abin da ake maimaitawa a gida kullum shi yake koya wa ƙwaƙwalwa sabuwar hanya.

Akwai kurakurai na jinya da ƙauna take jawowa. Kada kowa ya ɗaga Baba ta hanyar jan hannun da ya shanye ko cusa hannu a hammatarsa ta dama, domin naman da yake riƙe kafaɗar ya saki, gaɓar tana iya zamewa ta bar masa ciwon da zai hana shi atisaye. Idan yana zaune a ɗora hannun a kan matashi, tafin a buɗe, kada a bar shi yana reto. Idan yana kwance a riƙa juya shi duk bayan awa biyu, a duba ƙugu da dunduniya da gadon baya ko fata ta fara sauya launi. Masu zuwa gaisuwa su zauna ta damarsa domin ya riƙa waiwayar wannan ɓari. Kuma a bar shi ya yi abin da zai iya da kansa ko da zai ɓata lokaci, ya riƙe kofi, ya ja carbi, ya goge fuskarsa, domin duk abin da aka yi masa alhali zai iya, an rage masa atisaye ne. Jinyar nan doguwa ce, ki raba ta da ƙannenki tun yanzu, maza su ɗauki wanka da kai shi banɗaki, wanda hakan ya fi kiyaye masa mutuncinsa.

A abinci, gishiri ne babban abin lura. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada babban mutum ya wuce giram 5 a rana, wato bai cika ƙaramin cokalin shayi ba, kuma wannan ya haɗa da wanda yake cikin dunƙulen miya da yajin tsire da burodi. A rage dunƙule a ƙara daddawa da albasa da citta, a yawaita zogale da rama da alayyafo, domin binciken nan na SIREN ya nuna masu yawan cin ganye ba su cika kamuwa ba, masu barbaɗa gishiri a kan abinci da masu yawan cin nama kuma sun fi shiga haɗari. Idan jikinsa yana ciwo kada a je kemis a haɗo masa magani, domin irin su dikulofenak da ibufurofen suna tayar da jini, kuma idan suka haɗu da asfirin suna iya sa ciki ya zubar da jini.

Hawan jini yana bin dangi. Ke da ƙannenki kowa ya auna jininsa a wannan wata, ko da yana jin kansa garau, kuma ya riƙa maimaitawa aƙalla sau ɗaya a shekara. Ranar da za ku koma asibiti, idan baffa ya amince ya raka ku, bayan an gama auna Baba ki roƙi nas ta ɗaura wa baffa na'urar shi ma. Uwa ɗaya uba ɗaya suke da Baba, shekarunsu ba su da nisa, kuma zai fi kyau ya ji adadin jininsa yana zaune a kan kujera da ƙafafunsa biyu.